Suwaitar Auren Reuben

Landan, 9 ga Fabrairu, 1955

Yaya Hilda,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kina lafiya, ke da gwiwar nan da sanyin teku ba ya barinta ta huta. Ni ma da sauƙi, sai gyambon cikin nan. Likita ya hana ni soyayyen abu, ya ce madara da dafaffen kifi. Kin ji, ɗan masunci ya gudu Landan don ya rabu da kifi, ga kifin ya biyo shi har asibiti.

Albishirinki. Shekara goma sha biyar ina manajan aiki a gidan fim. Ni ne mai neman motoci, mai neman masauki, mai tsayawa cikin ruwan sama ina lallashin ɗan wasa ya fito daga ɗaki. In fim ya yi kyau a yabi wani, in ya lalace a ce ina Horace. To yanzu an ba ni fim nawa na kaina. Ni ne furodusa, wuƙa da nama suna hannuna, kuma sunana zai fito shi kaɗai a allo. Labarin masunta ne irin na gaɓarmu, shi ya sa suka ce ba wanda ya dace sai ni.

Ga abin da ya sa na ɗauki alƙalami. Daraktan mutum ne mai ƙaƙale. An kawo masa suwaita bakwai daga kanti don jarumin fim ɗin, ya ce duk warin kanti suke yi. Sai na tuna da ta marigayi mijinki Reuben, wadda kika saƙa masa ta aure. Na san abin da na roƙa ba ƙarami ba ne. Mako uku kawai, Yaya, kuma ni da kaina zan riƙa sa ido a kanta.

Ƙaninki,
Horace

*

Staunby, 16 ga Fabrairu, 1955

Horace,

Na sami wasiƙarka, na gode wa Allah da gyambon bai kai ka ƙasa ba. Gwiwa tana nan yadda ka san ta. Inna Mabel ta zame a matakalar coci, ba ta karye ba, bakinta kuwa ko gezau.

Barka da ƙarin girma. Na faɗa wa matan layinmu. Maƙwabciyata Dorcas Theaker ta tambaye ni ko furodusa shi ne mai haska fim daga bayan silima, na ce ban sani ba, amma dai ya fi da. Shekara uku ba ka tako garin nan ba, ranar da ka tuna da mu kuma riga ka tuna.

Kwana biyu ina buɗe akwati ina rufewa. Ka san ko mece ce, amma Landan tana wanke wa mutum kai, bari in tuna maka. Ina da shekara ashirin na saƙa ta, mako goma sha ɗaya da tsinke biyar, ba ɗinki ko ɗaya a jikinta daga wuya har ƙugu. Zanen igiya da tsani na gidanmu ne, na Mama, ba macen da za ta gan shi a Staunby ba ta san hannun wa ba ne. Haruffan sunansa, R.C., suna gefen hagu. Ya sa ta ranar aure, ya sa ta kowace Lahadi shekara ashirin da biyu, kuma ba ta taɓa shiga jirgi ba. Ta aiki ce ta bi shi ƙasan teku shekara huɗu da suka wuce. Wannan kaɗai ta rage mini, har yanzu da siffar kafaɗarsa a jikinta.

Na aiko ta don kai ɗan'uwana ne, kuma wannan ne fim ɗinka na farko. Ba a rataye ta, ninkewa ake yi. Kada ta ga ruwan zafi. In jarumin naku mai shan taba ne, ya tuɓe ta tukuna. Mako uku ka ce, na sa alama a kalanda.

Yayarka,
Hilda

*

Staunby, 2 ga Mayu, 1955

Horace,

Muna lafiya, ina fata kai ma haka, ko da yake ba ni da hanyar sani. Maza sun fara fita kamun ƙaguwa, iska ta kwanta.

Mako uku sun zama goma. Wannan ce wasiƙata ta uku tun bayan da na aiko maka suwaitar. Mai raba wasiƙu yanzu tun daga kan tudu yake girgiza mini kai don kada in wahalar da gwiwa. Inna Mabel ta ce ai dama wanda sunansa zai fito shi kaɗai a allo ba ya buƙatar dangi, na ce mata ta yi shiru, amma ban sami abin da zan kare ka da shi ba. In furodusa ba ya riƙe alƙalami, ka sa ɗaya daga cikin masu yi maka hidima ya rubuta mini layi biyu. Ba labarin fim nake so ba. Ina suwaitar mijina?

Hilda

*

Landan, 20 ga Mayu, 1955

Yaya Hilda,

Ina gaisuwa, ina kuma neman afuwa. Ba girman kai ba ne. Mako takwas muka yi a Cornwall muna ɗaukar fim, wasiƙunki uku suna nan kan teburin matar gidan da nake haya, sai shekaranjiya na gan su. Za ki ce me ya kai labarin gaɓarmu ta arewa can kudu. Rana ce. Kyamara tana son rana, mu kuwa kin san rabonmu da ita.

Na sha wuya ba kaɗan ba. Jarumin da zai fito a masunci bai taɓa hawa jirgi ba, da an tura daga gaɓa sai amai. Mutum sittin nake ciyarwa safe da rana, kowa da irin ƙorafinsa, wata ma cewa ta yi shayin garin bai yi mata ba, sai an kawo mata ruwa daga Landan. Na rame har wando yana neman faɗuwa. Amma fim ya yi kyau, duk wanda ya ga guntayen fim ɗin da aka wanke sai ya yaba.

Ga suwaita nan cikin ƙunshi, tsaf da ita kamar sabuwa. Na haɗa miki da gwangwanin biskit da ɗankwalin siliki, ki sa ranar Lahadi ki ba Dorcas haushi. A gaida Inna Mabel.

Naki,
Horace

*

Staunby, 24 ga Mayu, 1955

Horace,

Lafiya lau muke, na gode da tambaya. Tun da na ga siliki da biskit gabana ya faɗi, don kai tun kana yaro ba ka kyauta sai ka fasa wani abu.

Kifi na ganinka, mai jar koma. Ni za ka aiko wa wannan? Ko buɗe takardar ban gama ba na san ba ita ba ce. Saƙar inji ce, gaba daban, baya daban, an haɗa su da ɗinki a gefe. Ulun lagwai-lagwai, iskar bakin teku za ta ratsa shi ta fita ta ɗaya gefen. Igiyar zanen ta murɗa hagu maimakon dama. R.C. ɗin ma ba a cikin saƙa yake ba, da allura aka ɗora shi daga baya. Mako goma sha ɗaya tana kan cinyata, shekara ashirin da biyu ina wanke ta da hannuna, kai kuma ka zauna a Landan ka yanke cewa ba zan gane ba.

Abin da ya fi ƙona mini rai ba ƙaryar ba ce, rainin da ke cikinta ne. Ko makaho a garin nan in ya shafa zai ce maka wannan ba tamu ba ce, kai kuma a garin nan aka yanke maka cibiya.

Na mayar maka da kayanka duka. Biskit ɗin Inna Mabel ta riga ta ci uku, sauran suna nan. Ka faɗa mini gaskiya. In ɓata ta yi ka ce ta ɓata, in sace ta aka yi ka ce an sace.

Hilda

*

Landan, 30 ga Mayu, 1955

Yaya,

Ina gaisuwa. Kwana biyu ban iya cin abinci ba, kuma na san ba tausayi nake nema da wannan ba. Ba ta ɓata ba. Tana hannuna, ga ta nan tare da wasiƙar, amma ki zauna kafin ki buɗe.

A aikinmu ba a sa wa ɗan wasa tufa yadda ta zo. Akwai masu kula da sutura, aikinsu ke nan su tsufar da kaya. Sukan goge su da samfefa, su kankare gwiwar hannu da abin gurzar cuku, su shafa man inji da toka, su tsinke zare a wuya. Haka ake yi a kowane fim, ni kaina na sa an yi wa riguna ɗaruruwa ban taɓa jin komai ba. Na gaya wa shugabarsu cewa wannan aro ce, kada a taɓa ta. Ta ce to, har ta sa aka saƙa kwafi biyu a inji don wuraren shiga ruwa. Ɗaya daga ciki ce na aiko miki.

Ranar da aka fara ɗauka a Cornwall jarumin ya fito da ita fes. Darakta ya leƙa cikin kyamara ya ce, "Wannan ai attajiri ne ya zo yawon shan iska. Talaka ba ya sa riga mai kyau haka, ba mai kallon da zai yarda." Ya ce a kai ta a tsufar da ita. Ina tsaye a wurin, Yaya. Ba zan ce miki ina wani waje ba. Kwana shida muna jiran rana, ranar ta fito, mutum sittin suna kallona, kwafin kuma darakta ya ce ba sa yi masa in kyamara ta matso kusa. Da na buɗe baki na ce suwaitar mijin yayata ce, da sun ce ga manajan motoci an ba shi abin da ya fi ƙarfinsa. Na duba agogo na ce a yi sauri. Minti arba'in suka ɗauka.

Ba ni da wani uzuri. Amma na yi wani abu guda. Kin san a wurinmu ba abin da ya kai suna a allo daraja, mutane sukan yi shekara ashirin suna aiki ba su samu ba, an sha ɓata zumunci a kansa. Na tsaya kai da fata sai da aka yarda za a rubuta: Saƙa, Misis Hilda Cammish ta Staunby. Ba a taɓa yi wa wani na waje haka ba.

Ƙaninki mai kunya,
Horace

*

Staunby, 6 ga Yuni, 1955

Horace,

Saƙo ya iso. Lafiyata ƙalau, tunda sai an faɗa.

Na zauna kamar yadda ka ce. Gwiwar hannu biyu a huje. Wuyan ya zazzago. Ƙirjin ya yi baƙi da mai, warinsa ya cika mini kicin har sai da na buɗe taga. Sun jiƙa ta sun rataye, kafaɗun sun miƙe sun zama na wani mutum daban. R.C. kaɗai suka bari lafiya, ban sani ba ko in gode musu.

Ban yi kuka ba, ƙyama ce ta kama ni. Mutane sittin, manya da su, an biya su su zauna su lalata abu mai kyau da abin gurzar cuku don su nuna wa duniya yadda muke. Wa ya gaya wa daraktanka haka muke? Ka taɓa ganin Baba ya fita da huji a gwiwar hannu? Ranar da ba mu da abin da za mu ci sai dankali da gishiri, Mama ba ta bar shi ya taka bakin ƙofa da zare ɗaya a tsinke ba. Namiji ya fita da yagaggiyar suwaita a garin nan, ba shi ake kallo ba, matarsa ake kallo. Ka san wannan sarai. Da ka faɗa musu shi ma, ko ba ka ambaci yayarka ba, da ka yi aikin da suka ɗauke ka dominsa.

Maganar suna kuma, kada ka sa. Ba na so. Ka cire shi.

Hilda

*

Landan, 28 ga Oktoba, 1955

Yaya Hilda,

Gaisuwa da fatan alheri. Na san na daɗe, wata huɗu muna ɗakin yanka fim da haɗawa, ba na ganin rana. Gyambo ya lafa. Ina fata fushin ya sauka, don ɗan'uwa rabin jiki ne, ko ya yi laifi ba a yanke shi.

An nuna fim a Landan ranar Talata, kuma ya karɓu. Jaridu uku sun yaba, ɗaya ma cewa ta yi har warin kifi mutum yake ji daga kujerarsa. An riga an yi mini maganar fim na biyu. Daga wata mai zuwa zai shiga silima ɗari biyu a faɗin ƙasa, sau uku a rana. Zai zo Whitby da ke kusa da ku mako na uku na Nuwamba, na aika wa mai silimar ya ajiye kujeru talatin don mutanen Staunby, kyauta.

Na ga inda kika ce a cire sunanki, na yi murmushi. Halin gidanmu ke nan. Ko shayi aka miƙa mana sai mun ce a'a sau biyu kafin mu karɓa a na uku. Na san kunya ce, shi ya sa na bar shi, har na sa aka ƙara masa girma. Za ki gan shi tun a farko, kafin labari ya soma.

In kin yarda zan zo Kirsimeti in yi kwana huɗu. Na yi kewar gida.

Ƙaninki,
Horace

*

Staunby, 5 ga Disamba, 1955

Horace,

Muna lafiya. Gwiwa ta kumbura da sanyin nan, Inna Mabel tana tari amma da sauƙi.

Mun je. Ban so zuwa ba, amma mai silima ya aiko da takarda gidan waya, gari duka ya ji, ba yadda zan ce ba ni da lafiya. Mu ashirin da shida a bas ranar Asabar da rana, kowa da kayan coci. Maza tara, kowanne cikin suwaitarsa ta Lahadi, ba zare ɗaya a tashe.

Sunanka ya fito shi kaɗai, aka yi tafi. Sai nawa ya fito, harafi kowanne ya kai tsayin ƙofa, har da sunan garin. Aka yi tafin da ya fi naka. Dorcas ta matse mini hannu tana hawaye. Ni kaɗai na san abin da ke tafe, na zauna ina kallon takalmina.

Sai ga jarumin naku yana gangarowa bakin jirgi, gwiwar hannu a waje, ƙirji baƙi ƙirin, kyamara ta matso har ana iya ƙirga idon saƙa. Zanen Mama. R.C. a gefen hagu. Bayansa kuma ga matarsa ta fim zaune a bakin ƙofa, hannu biyu a cinya ba ko tsinke, tana kallonsa yana tafiya a haka. Dorcas ta sake mini hannu a hankali. Wata mata a layin bayanmu, ba 'yar garinmu ba, ta ce wa ƙawarta da ƙarfi, "Allah sarki, matan can ba su san allura ba ne? Kuma har da sa suna." Inna Mabel ta yunƙura za ta juya, na danne ta. Me za ta ce? Sunan nawa ne, rigar ta mijina ce.

Awa ɗaya da rabi yana sanye da ita. Har coci ya shiga da ita.

Muka hau bas muka dawo gida. Washegari bayan coci mata suka riƙa zuwa ɗaya bayan ɗaya suna ce mini sun san ba haka na bar Reuben ba. Tun ranar da teku ta ci shi ba a yi mini irin wannan layin jaje ba. Da zagi suka yi da ya fi mini sauƙi. Nancy jikar Dorcas za ta yi aure da bazara, tun bara take bina in koya mata igiya da tsani don ta saƙa wa angonta. Ranar Laraba ta zo tana murza hannu, ta ce saurayin ya ce a zaɓi wani zanen, samari a bakin jirgi sun fara tsokanarsa. Na ce mata ta yi daidai.

Suwaitar na gyara ta. Tun Yuni nake kanta, na warware hannayen zuwa kafaɗa na sake saƙawa, na yi sabon wuya. Ulun bana ya fi na da duhu, ana ganin inda aka haɗa, kuma man bai fita duka ba. Ta koma akwati. Wannan ta hannuna ce, na iya da ita. Waccan da ke yawo silima ɗari biyu sau uku a rana da sunana a kai, ba allurar da za ta kai gare ta. Duk wanda bai taɓa ganin Reuben ba, yanzu haka ya san shi, haka kuma ya san ni.

Ina taya ka murnar fim na biyu. In na ma'aikatan kwal ne ko manoma, ka bar matansu da kayansu.

Ka tambaya ko ka zo Kirsimeti. Kada ka zo. Wannan ba kunya ba ce, kuma ba shayi ake miƙa mini ba, kada ka zauna jiran na uku.

Hilda Cammish